Wlh wata tsohuwa ce ta wuce ni a kan dutsen Izta

Assalamu alaikum jama'a, ku yi haƙuri da muryata, har yanzu ba ta gama dawowa daidai ba, kuma in kun ga kamarar tana rawa ba gayu nake yi ba hannuna ne ke karkarwa. Yau na sha kunya irin wadda ban taɓa sha ba tunda na zo ƙasar Meziko. Wata tsohuwa, wlh ta kai sa'ar kakata, da 'yar sandarta da hular sanyinta, ta zo ta same ni ina durƙushe a kan dutse ina haki kamar rago ya ga wuƙa, ta dafa kafaɗata ta ce "despacio, mijo", wato sannu-sannu ɗana, ta wuce abinta tana hira da ƙawarta. Hira fa! Ni ko amsa sallama ba zan iya ba a lokacin. Ni da nake buga ƙwallo minti casa'in a Kano cikin zafin watan huɗu, ni da nake hawa Dala da gudu muna yara don kawai mu riga juna.

Bari in koma farko don ku gane yadda aka yi.

Wata biyar kenan ina birnin Meziko, kuma duk ranar da gari ya washe hayaƙin motoci ya ɗan lafa, in ka hau saman benenmu ka kalli kudu maso gabas za ka hango duwatsu biyu manya. Ɗaya mai tsini yana fitar da hayaƙi kamar an hura murhu a kansa, shi ne Popocatépetl, su Popo suke cewa. Ɗayan dogo a kwance kamar mace ta yi rigingine an lulluɓe ta da farin mayafi, ita ce Iztaccíhuatl, Izta a taƙaice. Sunayen daga yaren Nahuwatil ne na mutanen Aztek, na farkon ma'anarsa dutse mai hayaƙi, ta biyun farar mace. Dukkansu duwatsu ne masu aman wuta, sai dai Izta ta daɗe da yin barci, shi kuwa Popo idonsa biyu. Kullum ina kallonsu ina cewa wata rana, wata rana, har wani ɗan ajinmu ya turo min tallar wani kamfani mai kai mutane yawon yini ɗaya da jagora, peso 1,500, wajen dala 80 kenan, da mota da kuɗin shiga da sandar dogarawa da hular kwano da abincin rana. A tallar sun rubuta wai na 'yan koyo ne, mai sauƙi. Mai sauƙi! Allah ya isa ban ce ba, amma na kusa.

Ƙarfe huɗu da rabi na dare suka ce mu haɗu. Ko asuba ba ta yi ba. Sai da muka isa Amekameka, wani ɗan gari a gindin duwatsun wajen kilomita 60 daga birni, aka tsaya shan shayi, na lallaɓa bayan motar na yi alwala da ruwan gorata, ruwan nan kamar an fito da shi daga firiza, na shimfiɗa rigar sanyita na duba alƙibla a waya, nan wajen arewa maso gabas take kallo. Direban ya tsaya yana kallona har na idar, bai ce komai ba, sai ya miƙo min kofin wani abu mai zafi. Jama'a kunu ne! Atole suke ce masa, da masara ake yi, da kirfa da sukari, kauri kamar kunun gyaɗan Hajiya, saura tsamiya kawai. Na riƙe kofin nan hannu biyu sai na ji gida ya faɗo min a rai, irin safiyar hunturun nan da ake aiken ka sayo ƙosai kana rawar ɗari.

Amma ga gargaɗi tun yanzu, kusa da mai kunun akwai mai sayar da tamal, kamar alala yake a naɗe cikin ɓawon masara, ƙamshi kamar me, to kada ka yi gigin ci ba ka tambaya ba don yawancinsa da kitsen alade ake kwaɓa shi. Kalmar da za ka riƙe ita ce manteca. Ka nuna abin ka ce manteca? In aka ce sí ka ja da baya. Kuma abincin ranar da kamfanin ya yi alƙawari, da na buɗe a sama, burodi ne da yankan naman alade a ciki, alhali na rubuta musu tun wajen biyan kuɗi. Dabinon da na zuba a aljihu da gyaɗa su suka cece ni.

Daga Amekameka hanya ta fara murɗawa cikin dajin fain, kunnena yana toshewa yana buɗewa, har muka isa wata shimfiɗa tsakanin duwatsun biyu da ake kira Paso de Cortés, wajen mita 3,600. Nan ake rajista a ɗaura maka wani ɗan zare na takarda a hannu, don wurin gandun gwamnati ne tun 1935. Jagoranmu, wani siriri mai ƙonannen hanci, ya tara mu ya ce ta nan Hernán Cortés da sojojinsa na Sifen suka ratsa a 1519 za su birnin Aztek, wanda a kan kangonsa aka gina birnin Meziko na yanzu. Ya ce daga baya da albarushinsu ya ƙare sai suka hau Popo suka zura mutum da igiya cikin ramin ya ɗebo farar wuta. Na kalli ramin nan da ke hayaƙi na ce lallai neman mulkin duniya ba abin da ba ya sa mutum.

To ku tsaya ku ji lissafin da ya kamata in yi tun a gida ban yi ba. Kano ba ta kai mita 500 daga teku ba. Jos da muke zuzutawa wajen 1,200 ce. Dutse mafi tsawo a duk Najeriya, Chappal Waddi can Taraba iyakar Kamaru, mita 2,419. Shi birnin Meziko kansa, inda nake kwana nake tashi nake shiga motar haya, yana kan 2,240. Wato gadona ya kusa kai ƙololuwar Najeriya. Inda motar ta ajiye mu kuwa, La Joya, kusan 4,000 ne, dab da tsayin Dutsen Kamaru gaba ɗayansa, kuma nan ne FARKON tafiyar. Ƙirjin Izta yana kan 5,230, Popo wajen 5,400. A tsayin La Joya ma duk numfashin da ka ja kusan kashi 60 ne kawai na abin da za ka samu a Legas. Iska na nan tana kaɗawa har tana neman ture ka, amma ka shaƙa ka shaƙa kamar kana shan koko da aka tsinka da ruwa, ciki ba ya ɗauka.

Minti ashirin na farko ni ne a gaba. Har ina juyowa ina ɗaukar sauran a bidiyo ina dariya, za ku gani, ban yanke ba don in hukunta kaina. Jagoran ya ce min amigo rage sauri, na ce masa ni ɗan Afirka ne. Ya yi murmushi kawai. Ciyawar wurin dogaye ce tuli-tuli ruwan ɗorawa kamar gamba ta bushe, ya ce a cikinta wani ɗan ƙaramin zomo yake zama mai gajerun kunnuwa, teporingo, babu shi ko'ina a duniya sai duwatsun tsakiyar Meziko, ni dai kashinsa kawai na gani. Daga nan ciyawa ta ƙare sai yashi baƙi da tsakuwa, ka taka ɗaya ka zame rabi. Sai kaina ya fara sarawa daidai ƙeya, zuciyata na bugawa har a cikin haƙorana nake ji, yatsuna suka yi nauyi, ga tashin zuciya. Taku goma in tsaya. Taku bakwai in tsaya. A nan ne tsohuwar ta zo ta wuce.

Da ƙyar na kai mashigar farko, Portillo suke kiran irin wuraren, kamar ƙofa ce tsakanin duwatsu. Na zube. Ina zaune ina tunanin wa ya aike ni, sai na ji mutane sun yi ihu, na ɗaga kai, Popo yana gabanmu ɓaro-ɓaro ba gajimare ko ɗaya, sai ga wani dunƙulen toka ya taso daga bakinsa, fari-fari da farko sannan ya koma ruwan toka, yana murɗewa yana hawa yana hawa kamar ba zai tsaya ba, kuma shiru, ba ƙara ko kaɗan daga inda muke. Wallahi bakina da kansa ya kama Innalillahi. Na nemi hanyar gudu da ido. Su kuwa 'yan ƙasar tafi suke suna cewa Don Goyo, wato Popo, ya gaishe mu, wani har yana cin lemo. Jagoran ya ce wannan numfashi ne kawai, yakan yi da yawa a rana. Ya ce tun Disambar 1994 ya farka bayan wajen shekara 70 yana shiru, tun lokacin aka hana hawansa, an kewaye shi da kilomita 12 da ba a shiga, kuma a 1996 wasu mutum 5 da suka hau sun mutu a bakin ramin. Akwai hukuma da ke sa masa ido dare da rana, alamar hatsarin ma kamar danjar titi suka yi ta, kore, ruwan ɗorawa, ja. A watan Mayun 2023 tokarsa ta sa an rufe filin jirgin birnin na wasu awanni. Mutum sama da miliyan 20 suna kwana suna tashi da wannan abu a bayan gidansu, mu kuwa hazo ya ɗan yi yawa a Kano an soke jirgi sai mu cika Facebook da kuka.

Wannan suna Don Goyo ya ba ni mamaki na tambaya. Ashe akwai ƙauyukan gindinsa da suke ɗaukarsa kamar wani dattijo, duk 12 ga Maris suna kai masa abinci da furanni wai ranar haihuwarsa, suna roƙon damina mai kyau. Nan take na tuna labarin Barbushe da Tsumburbura a kan Dala da aka koya mana a firamare. Ɗan Adam dai in ya ga dutse ya fi ƙarfinsa sai a hankali, Allah ya tsare mana imaninmu. Suna da tatsuniya ma, wai Izta 'yar sarki ce aka yi mata ƙarya cewa saurayinta ya mutu a yaƙi baƙin ciki ya kashe ta, shi kuma ya dawo ya durƙusa gefenta da wuta a hannu yana gadi har yau. Shi ya sa sassan dutsen ma da sunan jiki ake kiransu, kai, ƙirji, gwiwoyi, ƙafafu. Mu duk wahalar nan a wajen ƙafafun muke ta fama.

Abin da ya ƙona min rai shi ne da za a ci gaba zuwa mashiga ta biyu da ta uku, jagoran ya maƙala min wani ɗan abu a yatsa mai auna iskar jini, ya kalli lambar, ya kalli leɓena, ya ce ni nan zan tsaya, mataimakinsa zai sauka da ni. Na yi musu, na ce kuɗi na biya cikakke. Ya ce tafi a miƙe ka taka ƙafa ɗaya gaban ɗaya. Na yi taku uku na karkace kamar ɗan maye. Shikenan magana ta ƙare. A lokacin haushinsa nake ji, yanzu kam da nake kwance ina ganin da mai son kuɗi ne da ya bar ni na bi su, don ciwon nan ba shi da magani da ya wuce ka sauko, in ka yi taurin kai ruwa ne zai taru a huhu ko ƙwaƙwalwa ta kumbura. Kuma ikon Allah muna sauka mita ɗari uku haka kan ya fara saki.

Ɗan uwa in za ka zo, abu ɗaya nake roƙonka da girman Allah, ka san genotype ɗinka. Mu a gida sikila ta yi mana yawa. Mai SS kada ma ya fara. Mai AS da yake ganin lafiyarsa ƙalau, irin wannan tsayin yana iya taɓa masa saifa, ka ga likita tukuna, su kamfanonin nan ba za su tambaye ka ba don ba ciwon da suka saba da shi ba ne, takardar da na cike ciwon zuciya da asma kawai ta tambaya. Ni AA ne kuma ga yadda na ƙare. Sannan kada ka sauka daga jirgi yau ka hau gobe. Sannan takalmi, ni kambas ɗin ƙwallo na sa, yanzu farcen babban yatsana ya yi baƙi. Rana kuma ko kai baƙi ne za ta ƙone ka, ku dubi hancina, ban taɓa sanin fatata na iya saɓulewa ba sai yau. Jagoran ya ce da na fara da Ajusco, wanda yake cikin iyakar birnin ma, mita 3,930, in saba tukuna. Ashe har babbar jami'ar UNAM a kan daskararren aman wani ƙaramin dutse Xitle aka gina ta, baƙaƙen duwatsun da nake wucewa kullum ina zaton ado ne.

Da muka dawo La Joya akwai mata masu rumfa suna gasa wata gurasar masara shuɗiya, da cuku da naman kaza a ciki, na tambaya manteca aka ce a'a a kan tanda kawai ake gasawa, na ci uku, peso 35 kowacce. Na ce a ba ni abin sha, sai matar ta ɗebo min wani jan abu a kofi. Zoɓo ne jama'a. Zoɓo! Agua de jamaica suke ce masa, ba citta ba kanumfari, salam haka, amma shi ne. Kuma ƙasar nan tana sayen zoɓo daga wajenmu, na Jigawa da Kano ake loda wa a kwantena a kawo nan. Na yi ta ƙoƙarin gaya mata da guntun Sifaniyancina cewa wannan furen wataƙila daga garinmu ya zo, ta yi ta gyaɗa kai tana dariya, na san ba ta gane ba, ta ƙara min rabin kofi kyauta.

Ina nan zaune wajen ƙarfe uku sai ga ayarin sun sauko, tsohuwar nan a tsakiyarsu ko gumi babu. Ta gan ni ta ɗaga min babban yatsa. Na tambayi jagoran shekarunta ya ce 68, kuma kusan duk wata sai ta zo.

Na kira Hajiya da daddare na ce mata na je na ga dutse mai aman wuta, ta ce karatun aka tura ka ko kallon wuta, ta ce kada in sake. Na ce to. Ban gaya mata na riga na tambayi kuɗin zuwa dutsen Nevado de Toluca ba, wanda akwai tafki biyu a cikin raminsa, na Rana da na Wata. Amma Ajusco tukuna, kuma sai farcen nan ya warke. Caji na ya kai kashi huɗu, sai mun haɗu.