Tarihin Tagulla: An Ƙirga Tan-Tan, Ba a Ƙirga Mutane Ba

Jama'a masu sauraro, assalamu alaikum.

Kwanakin baya wani littafi ya shigo hannuna, irin waɗanda kamfanonin haƙar ma'adinai ke bugawa idan sun cika wasu shekaru da kafuwa. Bango mai kauri, takarda sai sheƙi take yi. Tarihin wata mahaƙar tagulla ce. Na buɗe na ga hotunan shugabannin kamfanin bi da bi, kowa da sunansa da shekarar da ya hau kujera da wadda ya sauka. Na ga jadawalin yawan tan ɗin da aka haƙo kowace shekara. Can wajen tsakiya sai ga hoton waɗansu mutane sun fito daga rami, hular kwano a ka, fitila a goshi, ƙura ta rufe musu fuska, ba abin da ake gani sai fararen idanu. Kalma ɗaya tak aka rubuta a ƙarƙashin hoton: ma'aikata. Ko sunan mutum guda babu. Na rufe littafin raina a ɓace, kuma ɓacin ran nan ne ya sa na kawo muku maganar yau.

Tagullar nan, wadda wasu ke kira jan ƙarfe, ita ce a cikin wayar da ke kawo wuta gida, ita ce a cikin janareto da fanka da wayar hannu. Yanzu ko'ina ka juya sai ka ji ana cewa duniya na bukatar ƙari, tunda motar lantarki tana cin tagulla ninki uku ko fiye da na motar fetur. To madalla. Amma a yawancin manyan mahaƙu na yau, idan aka niƙa dutse tan guda, tagullar da ake samu ba ta kai kilo 10 ba. Sauran fa? Ya zama laka mai guba, a tara ta a bayan madatsa. Kuma madatsar nan ba a bayan gidan mai hannun jari ake gina ta ba. Kusa da gonar wani take, a saman kogin da 'ya'yan wani ke sha.

Ranar 18 ga Fabrairun 2025 irin wannan madatsa ta fashe a yankin tagulla na Zambiya, a wurin aikin kamfanin Sino-Metals. Ruwan asid ya gangara kogin Kafue, kifaye suka mutu suka taso saman ruwa, gonaki suka ƙone, aka rufe famfunan birnin Kitwe. Mutane da yawa sun yi mamaki. Mamakin me? Ai a wannan yanki ɗin ne, ranar 25 ga Satumban 1970, lakar da aka tara a saman mahaƙar Mufulira ta ɓurma cikin rami da dare, ta hallaka mutum 89. A Chile, hayaƙin gobara ya kashe mutum 355 a mahaƙar El Teniente a 1945. A garin Butte na Amurka mutum 168 suka rasu a 1917. A Japan, dafin mahaƙar Ashio ya lalata gonakin bakin kogin Watarase har ɗan majalisa Tanaka Shozo ya ajiye kujerarsa a 1901 ya je ya tare ayarin sarki da takardar koke, amma duk da haka aka rushe ƙauyen Yanaka a 1907. Duk an yi wannan, duk yana rubuce. Wanda ya yi mamaki, littafin jadawali ya karanta.

Abin da nake nanatawa ke nan: an ƙirga tan-tan, ba a ƙirga mutane ba.

Na san abin da za a ce. Za a ce tagulla ce ke kawo wa Zambiya mafi yawan kuɗin da take samu daga waje, ita ta gina asibitoci da makarantun Kitwe da Luanshya, ita ce ƙashin bayan Chile da Kwango. Wa ya musa? Ba wanda ya ce a cike ramuka a koma fitilar aci-bal-bal. Magana ake yi ta wanda ya ci riba da wanda ya biya da huhunsa. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi, sannan gardin ya zauna ya rubuta tarihin wasan?

Ban ce duk marubuta sun kauda kai ba. Malamin jami'a James Ferguson ya zauna da mahaƙa a Kitwe, ya fitar da littafinsa Expectations of Modernity a 1999. Abin da ya gani shi ne mutanen da aka yi wa alƙawarin rayuwar zamani, suka saba da albashi da gidan kamfani, sannan farashin tagulla ya faɗi tun daga tsakiyar shekarun 1970, suka wayi gari suna shirin komawa ƙauyukan da wasunsu ba su ma san su sosai ba. Bill Carter kuma, a littafinsa Boom, Bust, Boom na 2012, ya faro ne daga lambun gidansa a Bisbee, tsohon garin tagulla a jihar Arizona, inda ya shuka kayan lambu ya ci ya kwanta ciwo, aka auna ƙasar aka tarar da guba a ciki. Waɗannan sun rubuta mutane, Allah ya saka.

Sai dai ko a nan zuciyata ba ta kwanta ba. Littafin Ferguson da Turanci yake, wata jami'a a Amurka ta buga shi. Jikar mahaƙin Mufulira da ke jin Bemba, a ina za ta gan shi? Da me za ta saya? Labarin kakanta ne, amma sai ta bi ta hannun baƙo kafin ta ji shi. Haka Kwango. Kamfanin Union Minière na Beljiyam ya kafu a 1906, kuɗinsa ya tallafi ɓallewar lardin Katanga daga Kwango a 1960, kuma a can Katangar aka kashe Patrice Lumumba, firaministan ƙasar na farko, a Janairun 1961. An cika kantoci da littattafai kan siyasar wannan lamari. Ma'aikatan da aka buɗe wa wuta a Elisabethville, Lubumbashi ta yau, a Disamban 1941 don sun nemi ƙarin albashi fa? Ɗalibi nawa ne ya taɓa jin labarinsu?

Kuma rashin rubuta mutane yana da sakamako. A tsibirin Bougainville na ƙasar Papua New Guinea aka buɗe mahaƙar Panguna a 1972. Masu ƙasa suka yi ta kuka kan kogunansu da kan rabon kuɗi, aka yi kunnen uwar shegu da su. A 1989 aka rufe mahaƙar da ƙarfin tsiya, yaƙi ya ɓarke, dubban rayuka suka salwanta. Littafin lissafin kamfani bai hango wannan ba, domin babu gurbin kukan mutane a cikinsa.

Don haka kirana ga jami'o'i da ƙungiyoyin ƙwadago da gidajen rediyo na ƙasashen tagulla ne. A garin Ndola na Zambiya akwai ma'ajiyar takardun tsohon kamfanin gwamnati na ZCCM, a buɗe ta ga ɗalibai, a fassara abin da ke ciki zuwa harsunan da ake magana da su a bakin rami. Kamfanin da ke da kuɗin buga littafi mai sheƙi yana da kuɗin buga sunayen waɗanda suka mutu a raminsa, a tilasta masa. Sannan a yi hanzari. Saurayin da yake ɗan shekara 25 a daren da Mufulira ta rufta, yau ya kai 80, in yana raye. A tura masa yaro da rikoda tun yana iya magana, a tambaye shi sunayen abokan aikinsa da suka shiga rami a daren nan ba su fito ba.