Wa Ke Yi Wa 'Ya'yanmu Hira Da Dare?

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Mai girma shugaban ƙungiya, malamanmu, iyayenmu maza da mata, yayyena da ƙannena, sannunku da zuwa, musamman waɗanda suka yi sammako daga garuruwan nesa zuwa Landan cikin wannan sanyi. An ce in yi magana kan talabijin da tarbiyyar yara. Ni uwa ce mai 'ya'ya uku, ina aikin dare a gidan kula da tsofaffi, don haka abin da na gani a ɗakina shi zan faɗa.

Da ƙaramar Sallar bara na kira mahaifiyata a Kano ta bidiyo, na miƙa wa autana wayar, yaro ɗan shekara bakwai. Hajiya ta ce, "Ina maigidan nawa? Ka tafi ka bar ni ba cefane." Kun san wasan kaka da jika. Yaron ya juyo yana kallona, yana jira in fassara masa. Hajiya ta yi shiru, can ta ce, "Allah ya raya," ta sako wata maganar. Shirun nan ya hana ni barci. Yaron da ya haddace waƙoƙin katun ba adadi, yake kwaikwayon wani Ba'amurke da yake kallo a YouTube har yadda yake dariya, ya kasa mayar wa kakarsa wasa. Na duba wanda zan ɗora wa laifi ban samu ba, don ni na sayo wayar, ni nake miƙa masa ita idan na dawo aiki da safe idona yana rufewa.

Mu ma fa mun kalli talabijin. Tun 1959 aka buɗe tashar farko a Ibadan, ta Kaduna ta biyo baya a 1962, mu kuma muka tashi da NTA da CTV ta Kano. Amma ku tuna yadda kallon yake. Akwati ɗaya ne a layinmu. Mai gidan ya fito da shi tsakar gida, mu baje a kan tabarma, manya na bayanmu. Idan aka nuno abin da bai dace ba, gyaran muryar dattijo ɗaya ya isa kowa ya sunkuyar da kai. Sai da yamma tasha take buɗewa, dare ya yi ta rufe, sau da yawa ma kafin nan an ɗauke wuta. To a nan hira take farawa. Wata tsohuwa ta ce, "Ga ta nan, ga ta nanku," mu amsa, "Ta zo mu ji ta." A bakin tsofaffin nan muka koyi Hausa, muka san cewa wayon Gizo kan ja masa wahala, muka koyi yin shiru idan babba yana magana.

Yanzu ku dubi yaronmu na nan. Lokacin hunturu ƙarfe huɗu duhu ya yi. Ba dandali, ba ƙofar gida, ba maƙwabciyar da za ta tsawata masa. Uba yana tuƙin tasi, uwa ta tafi aiki ko tana ramuwar barci. Wa ya rage masa? Abin da ke hannunsa, wanda ba ya gajiya, ba ya rufe tasha, kuma an ƙera shi ne yadda bidiyo na ƙarewa wani zai hau, daidai irin wanda yaron ya fi daɗewa a kai. Kamfanonin nan da talla suke samun kuɗi, ribarsu ita ce yaro ya daɗe bai ɗago kai ba.

Masu ƙasar nan da kansu sun san haɗarin. Dokarsu ta hana gidajen talabijin nuna shirye-shiryen manya kafin ƙarfe tara na dare, hukumar Ofcom ce ke sa ido. Sai dai wayar da ke ƙarƙashin bargo ba ta san ƙarfe tara ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawara a 2019 cewa kada a zaunar da yaron da bai kai shekara biyu ba gaban kallo, ɗan shekara biyu zuwa huɗu kuma kada ya wuce awa ɗaya a rana. TikTok da Instagram sun ce sai mai shekara 13 zai buɗe shafi. Mu nawa a ɗakin nan muka buɗe wa 'yan shekara tara da hannunmu, muka ƙara musu shekarun haihuwa?

Akwai wanda ya fi wannan ci mini rai, kuma mu manya ne masu yin sa. Duk bidiyon da aka turo a WhatsApp na harin 'yan bindiga, da gawarwaki, da kukan mata, sai mu kunna shi a falo da ƙarfi yara suna zaune. Babbar 'yata ta taɓa ce mini ba za ta je Najeriya hutu ba, wai kashe mutane ake yi. Yarinyar ba ta taɓa ganin hawan Sallah ba, ba ta san Kasuwar Kurmi ba, ba ta ga marinar Ƙofar Mata ba. Abin da ta sani game da garin iyayenta daga wayata ta gan shi. Wallahi na ji kunya.

Ban zo in ce a fasa akwati a jefar da waya ba. Da rediyo iyayenmu suka san duniya, Sashen Hausa na BBC da ke garin nan yana magana da su tun 1957. Tashar Arewa24 tana watsa shirye-shirye da Hausa zalla tun 2014, a gidaje da yawa nan ne kawai yaro yake jin Hausa daga bakin da ba na uwarsa ba. Amma shirin Hausa ma sai an tace, kuma sai ka zauna kusa da yaro yana tambaya kana amsawa.

Ga abin da na gwada. Duk daren Juma'a bayan Isha'i, ina kashe talabijin, in tattara wayoyi har tawa, in bar ɗaya. Mu kira Hajiya ta yi musu tatsuniya. Tsakaninmu da gida awa ɗaya ce da hunturu, da bazara ma babu bambanci, ba mu da uzuri. Makonnin farko da kuka da kumbure-kumbure aka yi. Wata na huɗu ke nan, ranar nan na ji autan yana ce wa yayarsa "Ƙulin ƙulifita," yana jira ta ce "Gauta." Kuma ya fara ce wa Hajiya kuɗin cefanen suna hanya.

Shugaba, roƙona ga ƙungiya shi ne a ware mana awa biyu a wannan zaure, Asabar ɗaya a wata, bayan Azahar. Muna da iyaye mata a nan da cikinsu ke cike da tatsuniyoyi da waƙoƙin gaɗa, suna zaune a gida kaɗaici na damunsu. A kawo musu yaran. A ajiye kwando a bakin ƙofa, kowa ya saka wayarsa, babba da yaro. Ni na ɗauki nauyin shayi da ƙosai na zaman farko. Takarda tana wurin sakatare, duk mai son kawo 'ya'yansa ko yin tatsuniya ya rubuta sunansa kafin a tashi.

Na gode. Wassalamu alaikum.