Yadda Ake Tayar da Zane Tsaye: Lacca Kan Bai Wa Zanen Bekta Kauri a Kwamfuta

An ciro wannan rubutu daga faifan wata lacca da aka gabatar a Bauchi, ga matasa masu aikin zane da buga takardu da haɗa allunan shaguna. An rage gaishe-gaishen farko.

Assalamu alaikum warahmatullah. Malamaina da ke zaune a gaba, ƙannena maza da mata, barkanku da war haka.

Ina so in ga hannun duk wanda ya taɓa aiki da manhajar zane ta CorelDRAW. To madalla, kuna da yawa. Ba mamaki, domin daga Wunti har Yelwa da wuya ka leƙa shagon buga katin biki ko kalanda ka tarar ba ita ce a buɗe ba. Ku da kuka ɗaga hannu, babban kaso na aikin yau yana hannunku tun tuni. Wanda ya iya tsabtace zanensa a shimfiɗe, ba shi kauri ba zai wahalar da shi ba. Wanda kuwa ya saba zane na dai-a-gama, manhajar 3D, wato mai fitar da zane da tsawo da faɗi da kauri, za ta tona masa asiri a gaban kwastoma. A kan wannan zan tsaya yau.

Hoto iri biyu ne a kwamfuta. Wanda ka ɗauka da waya, tarin ƙananan ɗigogi ne masu launi, shi ya sa idan ka ja shi ya girma sai ya dusashe. Na biyun shi ne bekta. A nan kwamfuta ba ta ajiye ɗigon launi, lissafi take ajiyewa: layi ya tashi daga nan, ya lanƙwasa haka, ya sauka can. Ka buga shi a katin shaida ko a allon talla na bakin titi, kaifinsa ɗaya ne.

Waɗannan ƙulle-ƙullen da ke kan layin bekta, waɗanda kuke ja da linzami don lanƙwasa shi, masu hannuwa biyu, suna da tarihi. Injiniyoyin mota ne a Faransa suka samar da lissafinsu. Paul de Casteljau ya yi nasa a kamfanin Citroën a 1959, Pierre Bézier kuma ya yi nasa a Renault a shekarun 1960, kuma sunan Bézier ne ya bi abin har yau. Ku lura da abin da suke nema: jikin mota, ƙarfe mai tudu da kwari. Ke nan layin da kuke zana tambarin makaranta da shi, tun asalinsa don ƙera abin da hannu zai taɓa aka yi shi. Wannan yana faranta mini rai duk lokacin da na tuna.

Manhajar da za mu yi aiki da ita Blender ce. Wani ɗan ƙasar Holan mai suna Ton Roosendaal ne ya faro ta, kuma a 2002 masu amfani da ita suka yi karo-karo na Yuro 100,000 aka sake ta ga kowa. Kyauta ce, halal ce, ba sai ka nemi ta sata wadda za ta shigo maka da cuta cikin kwamfuta ba. Wanda ba shi da CorelDRAW ma akwai Inkscape, ita ma kyauta, tun 2003 take. Gadar da ke haɗa su ita ce fayil ɗin SVG, wanda hukumar W3C mai tsara ƙa'idojin intanet ta tabbatar a 2001. CorelDRAW na fitar da shi, Illustrator na fitar da shi, Blender na karɓarsa.

Amma kada ku yi gaggawar fitarwa. A nan ne aikin yake, kuma a nan zan daɗe.

Mu ɗauki misali: mai shago ya ce a yi masa allo, a rubuta Ƙosai da Kunu, da hoton kofi a gefe. Abu na farko, rubutun nan dole ka mayar da shi layi. A CorelDRAW ka zaɓe shi ka danna Ctrl da Q. In ba ka yi ba, Blender ba za ta ga rubutun ba ko kaɗan, za ka buɗe ka tarar da kofi shi kaɗai. Sannan ga matsalar da ta shafe mu mu Hausawa: yawancin salon rubutu masu kyau ba su da ƙ da ɗ da ɓ. Me yara ke yi? Su rubuta K, su zana ƙugiyar da hannu su ɗora a kai. Ba laifi ba ne, dabara ce mai kyau. Sai dai dole a narkar da ƙugiyar da harafin su zama jiki ɗaya, da umarnin Weld a CorelDRAW ko Union a Inkscape. A takarda ba wanda zai gane guda biyu ne, tun da launinsu ɗaya. Da zarar an ba su kauri sai ka ga tsaga a wuyan harafin, haske na ɓalɓaltu a wurin saboda fuska biyu suna rububin waje ɗaya.

Haka kaurin layin gefe. Ka zana kofi, ka ba layinsa kauri, ya yi kyau a ido. Wannan kaurin ado ne kawai, Blender layin tsakiya za ta ɗauko, siriri kamar ba komai. Sai ka mayar da shi siffa tukuna: Ctrl da Shift da Q a CorelDRAW. Launi mai sirkawa daga duhu zuwa haske shi ma ba ya ƙetarawa, ka bar shi, can za ka sake sa launi.

Sai rufe layi. Siffar da za a cika dole ƙarshenta ya koma ya haɗe da farkonta. Kamar dangar lambu ce: ko taku ɗaya ka bari a buɗe, ba a ce ka yi danga ba. Ido ba ya ganin giɓin sai ka zuƙo sosai, amma kwamfuta na gani, kuma ba za ta cika cikin ba.

Akwai kuma wata ɗabi'a da nake roƙonku ku rage. Kwastoma ya turo tambarinsa ta WhatsApp, hoto ya sha matsa ya dusashe, sai a jefa shi cikin PowerTRACE, mai mayar da hoto bekta a CorelDRAW, a ce an samu bekta. E, an samu, amma je ka duba ƙullin da ke jiki. Da'irar da ƙulli huɗu ya ishe ta sai ka tarar da ita da ƙulli birjik, gefenta na karkarwa. A ƙaramin kati za ta wuce. A 3D kowane ƙulli na banza zai fito a matsayin ƙunci a jikin harafi idan haske ya doke shi. Ka sa hoton a ƙasa, ka bi shi da hannunka, ka zana sabo da ƙulli kaɗan. Zai ci maka lokaci, amma wannan lokacin shi ne bambancin gwani da ɗan koyo.

To, yanzu mun shiga Blender. Ku dubi bango. Na je File, na je Import, na zaɓi SVG, na ɗauko fayil ɗinmu. Kun ga wani abu? Babu. A nan mutane da yawa ke cewa bai yi ba, su rufe. Ya shigo, yana nan. Akwatin nan da Blender ke buɗewa da shi, kowane gefensa mita 2 ne, zanenmu kuwa 'yan santimita ne, yana kwance a cikin cikin akwatin. Na goge akwatin. Na zaɓi zanen daga jerin da ke dama, na danna ɗigon da ke gefen lambobi a kibod. Ga shi nan ya cika fuska.

Na ƙara masa girma da maɓallin S. Bayan haka, kada ku manta, Ctrl da A, a tabbatar da girman. In ba haka ba duk lambar da za ka rubuta nan gaba ba za ta yi daidai da awon gaske ba.

Yanzu ga wurin da ake jira. A gefen dama akwai alamar koren layi mai lanƙwasa, a ƙarƙashinta akwai gurbin da aka rubuta wa Extrude. Ina jan lambar a hankali. Kun gani? Haruffa sun tashi. [Hayaniya da tafi.] Ai shi ke nan abin da ake ta kururutawa, gurbi ɗaya ne. Amma ku riƙe wannan: kaurin ta fuska biyu yake fita, gaba da baya. In ka rubuta santimita 2, kaurin 4 za ka samu. Wanda ke son 5 sai ya rubuta 2.5.

A ƙasa da shi akwai Bevel, mai dasashe kaifin baki. Ina ba da shawara a sa ko ɗan kaɗan ne, domin a duniya babu abin da bakinsa ke da kaifi ɗari bisa ɗari, kuma wannan ɗan dasashen ne ke kama haske ya sa abu ya yi kama da gaske. Sai dai yana kumbura harafi ta waje. In ya yi yawa sai ramin cikin a da o ya toshe, ƙugiyar ƙ ta manne da jiki. Maganinsa gurbin Offset: a ba shi lamba ta ƙasa da sifiri daidai gwargwado, harafi ya koma girmansa.

Tun da na ambaci rami: wani lokaci za ka ga o ta fito a cike. Dalili shi ne da'irar ciki da ta waje sun shigo a matsayin abu biyu daban. Ka zaɓe su tare, Ctrl da J, rami zai buɗe da kansa.

Ba kowane abu ake ɗagawa a miƙe ba. Tulu, kofi, kwalba, ƙafar kujera, duk abin da ake iya juyawa, rabin gefensa kawai za ka zana, daga baki zuwa gindi. Sai ka sa masa umarnin Screw na Blender, ya kewaya digiri 360, tulu ya fito cif. Sharaɗin kawai cibiyar juyawar ta zauna daidai kan layin tsakiya. In ta goce, rami zai fito a gindi.

Yanzu bari in zo kan abin da na fi so a duk wannan darasi: dagin Arewa. Yana jikin ƙofofinmu, yana kan rigunanmu, magina sun daɗe suna fito da shi a bangon soro. A takarda, mai zane yana yanke layi ne a inda igiya ɗaya ta bi ta ƙarƙashin ɗaya, ido ya cike sauran. Ɗauki wannan zanen ka ba shi kauri yadda muka yi wa haruffa, me za ka samu? Gutsattsarin guntaye masu tsayi ɗaya, babu wanda ya hau wani. Dagi ya mutu. Kwamfuta ba ta san cewa saƙa ce ba, kai ne ka sani.

Don haka a nan sai mu juya dokar da na ba ku ɗazu. Ba ma son siffa mai kauri, layin tsakiyar nan siriri shi muke so, ba tare da yanka ba. A shigo da shi, a mayar da shi daga 2D zuwa 3D, a ba shi Bevel ya zama igiya mulmulalliya. Sannan ka shiga ka bi mahaɗa ɗaya bayan ɗaya: a nan ka ɗaga ƙulli sama, a mahaɗa ta gaba ka sauke shi ƙasa, sama, ƙasa, har ka kewayo. In ka yi kuskure a wuri ɗaya, duk Bahaushen da ya kalla zai ji wani abu bai zauna ba, ko da bai iya faɗin mene ne ba. Ina so ku je ku tsaya gaban tsohon gini mai zane, ku duba inda magini ya tayar da ƙasa da inda ya nutsar. Ku zauna da masu ɗinkin babbar riga ku ga yadda zare ke hawa da sauka. Ilimin tudu da kwari yana garin nan kafin kwamfuta ta zo, kuma zai yi mini ciwo a ce yaranmu sun iya kwaikwayon tambarin kamfanonin waje amma dagi ya gagare su.

Akwai hannu a baya. Bismillah, ƙanwata.

[Tambaya: Malam, tun da injin yanka na lesa zanen shimfiɗe yake karɓa, mene ne amfanin wahalar 3D ga mai yin allo?]

Tambaya mai kyau, kuma gaskiyarki. Mai yanka robar akirilik fayil ɗin bekta kawai yake buƙata. Amfanin 3D yana zuwa kafin yanka. Ki ɗauki hoton gaban shagon kwastoma da waya, ki sa shi a baya, ki ɗora haruffan a kai da kaurinsu da inuwarsu, ki tura masa. In zai ce launin bai yi ba ko rubutun ya yi ƙanƙanta, ya faɗa tun ba a saya roba an yanka ba. Kin tsira da kuɗin kaya, kin tsira da rigima. Haka mai walda da ke ƙera get, haka mai aikin silin na fi'ofi.

In kuma firintar 3D za a kai, to akwai ƙarin mataki. Sai an mayar da layukan sun zama raga, ta Object, Convert, Mesh. A shiga ciki a zaɓi komai, a danna M a haɗe ɗigogin da suka hau juna, sannan Shift da N don fuskoki duka su kalli waje. Jikin ya kasance a rufe ruf, babu ɓula. Sai a fitar da fayil ɗin STL, wanda firintar 3D ke aiki da shi. Shi wannan fayil ba ya ɗauke da ma'auni, lamba kawai yake riƙewa, don haka ki gaya wa mai injin tsawon abin a milimita, ya duba kafin ya tayar.

Na ga wani yana nuna kwamfutarsa, yana nufin ƙarama ce. Irin wannan aikin na haruffa da tambari ba ya cin ƙarfi sosai. A cikin hanyoyin fitar da hoto na Blender, ka yi amfani da Eevee, ya fi Cycles sauƙi. Kuma saboda halin wutarmu, yatsanka ya saba da Ctrl da S. In ta ɗauke ba ka adana ba, je File, Recover, Auto Save, sau da yawa za ka samu aikinka.

An yi mini alamar lokacin salla ya gabato. Bayan an idar, kowa ya buɗe kwamfutarsa. Za mu fara da sunan kowa, kuma wanda sunansa ke da ƙ ko ɗ ko ɓ shi zai fara fitowa gaba. Wassalamu alaikum.