Sharhi: Bashin ƙananan hukumomi da 'yan kwangilar Damagaram

Jama'a masu saurare, barkanmu da warhaka. Sharhinmu na yau a kan bashin da ƙananan hukumomi ke ci wajen 'yan kasuwa da 'yan kwangila ne, bashin da ke kwana, ya shekara, har ya kai mutane gaban alƙali.

Kowa a Damagaram ya san irin wannan bawan Allah. Mai walda ne, ko mai shagon takardu a Kasuwar Dole, ko mai gidan mai da ke zuba wa motar hukuma gazuwal. An ce ya haɗa bencin makaranta, ya ɗauko ƙarfe da katako bashi, ya sa yaransa aiki dare da rana, ya kai kaya aka karɓa. Daga nan sai zarya. Yau a ce takarda na wajen sakatare, gobe a ce akwati babu kuɗi, jibi a ce sai haraji ya shigo. Mai ƙarfe kuwa ba ya jira, kullum yana ƙofar shago. Ƙarshenta a sayar da injin walda, yaran shago su watse, wasu su kama hanyar Agadas ko Kano.

Tun zaɓen ƙananan hukumomi na 2004 kujeru ke sauya hannu. A watan Afrilun 2024 Janar Abdourahamane Tiani ya rusa majalisun, aka naɗa kantomomi. Duk lokacin da aka yi sauyi, mai bin bashi na fargabar amsa ɗaya: "Ba ni na ci ba, je ka nemi wanda ya sa ka." Wannan amsa ba ta da gurbi a doka. Hukuma ce ta ci bashin, yaran gari ne ke zaune a kan bencin, kuma wanda ya gaji kujera ya gaji abin da ake bin ta.

To, a je kotu ke nan? Ana zuwa, ana kuma cin nasara. Sai dai Nijar na cikin ƙasashe 17 da ke aiki da dokokin OHADA, ƙungiyar daidaita dokokin kasuwanci a Afirka, waɗanda suka hana a kama dukiyar hukuma don biyan bashi. Da ɗan kasuwa ake bi, da an rufe asusunsa na banki ko an yi gwanjon motarsa. Hukuma kuwa ba a taɓa ta. Mutum ya biya lauya, ya yi ta hawa da sauka, ya dawo gida da takardar hukunci a jaka, aljihu wayam.

Akwai gyaran da aka yi wa dokar a 2023, ya soma aiki a Fabrairun 2024, kuma ya kamata kowane ɗan kwangila ya san shi. Wanda ke da hukuncin kotu, ko takardar da hukuma ta amsa cewa ana bin ta, zai rubuta mata gargaɗi. In wata 3 suka wuce ba ta biya ba, yana iya neman a saka bashin cikin kasafin kuɗinta a matsayin abin da dole a biya. A kuma kula, bashin da aka bar shi shekara 4 ba a nema a rubuce ba yana iya faɗuwa.

'Yan kwangila, ku ma da naku. Yawancin rigimar nan daga aikin baki take farawa: "Alhaji, kawo kawai, takarda za ta biyo baya." Ba takardar oda, ba shaidar karɓar kaya, sai amana. Alƙali ba ya hukunci da amana. Akwai kuma masu haɗa baki da ma'aikata su ninka farashi, ko su kawo takardar aikin da ba a yi ba, su ne suka sa ake zargin mai gaskiya.

Shi ya sa muke kira ga kantomomin jihar nan, daga birnin Damagaram zuwa Mirriya, Magarya, Matamaye, Gure da Tanut: a tantance bashin, a liƙa sunayen waɗanda aka tabbatar a allon sanarwa, a ware kaso daga kuɗin kasuwa da na tasha kowane wata. A fara da mai jika ɗari biyu ko ɗari uku, wanda jarinsa ke nan gaba ɗaya, kafin a ba da wata sabuwar kwangila.