Jawabin Maraba ga Adewale Akinnuoye-Agbaje

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Dattawanmu, iyayenmu mata, 'yan uwa Hausawa mazauna Landan da waɗanda suka yiwo tattaki daga wasu garuruwan Ingila, barkanmu da warhaka. Mai girma babban baƙonmu, Yallaɓai Adewale Akinnuoye-Agbaje, lale marhaban, sannu da zuwa.

Da Hausa zan yi magana, ga tafinta nan kusa da kai. Da gangan muka tanade shi, don mun san ka taɓa zama a tsakiyar danginka ana hira ba ka jin ko kalma ɗaya. Kana ɗan shekara 8 aka kai ka Najeriya, ba ka jin Yarbanci, ƙasar iyayenka ta zame maka baƙuwa, har aka sake maido ka nan. Ba ma so hakan ta faru da kai a zaurenmu yau.

Jama'a, baƙon namu an haife shi a unguwar Islington a 1967. Karatu ne ya kawo iyayensa ƙasar nan, yana jinjiri suka miƙa shi riƙo ga wasu Turawa talakawa a Tilbury, garin tashar jiragen ruwa da ke bakin kogin Thames. Mu Hausawa mun san riƙo, da yawanmu a hannun gwaggo ko kawu muka tashi. Amma ɗan riƙo a wurinmu yana ganin fuskoki irin tasa. Shi kuwa ya girma a garin da ake zaginsa ana dukansa saboda launin fatarsa, har ta kai ya tsani kansa, ya shiga ƙungiyar 'yan daban Turawa masu ƙwal-kwabo, waɗanda su ne ke gallaza masa. Duk sanda na tuna wannan sai jikina ya yi sanyi.

Allah bai bar shi a can ba. Ya koma makaranta, ya yi digiri na biyu a fannin shari'a a King's College ta nan Landan, daga baya ya faɗa harkar fim.

Yallaɓai, galibi ba kai ake ba jarumin fim ba. Kai ne bos, ko fursuna, ko wanda zai fito na ɗan lokaci ya wuce. Sai dai idan an tashi daga kallo, kai ake tunawa. Wa ya kalli shirin talabijin na Oz ya manta Simon Adebisi da 'yar hularsa a karkace? A shirin Lost ka fito a Mista Eko, ɗan Najeriya mai safarar ƙwaya da ya koma limamin coci, ka sa muka tausaya wa mutumin da ya kamata mu ji tsoronsa. Wannan sana'a ce ta masu haƙuri, kuma 'yan wasanmu na Kano da ke raina ƙaramar fitowa suna da darasi a wurinka.

Abin da ya fi sa muka gayyace ka shi ne fim ɗin Farming na 2018, labarin ƙuruciyarka, wanda ka rubuta, ka ba da umarni da kanka. Ka buɗe cikinka a bainar jama'a, ka fito a matsayin mahaifin yaron da aka ba da riƙo, Genevieve Nnaji ta fito a mahaifiyarsa. A bikin finafinai na Edinburgh a 2019 fim ɗin ya ci kyautar Michael Powell ta fim ɗin Birtaniya mafi kyau. Mu ma nan muna da yaran da ba sa iya gaida kakanninsu a waya, ga su can a layin baya, kuma dominsu muka roƙe ka ka zo.

Ga tuwo da miyar kuka iyayenmu mata sun tanada, amma kafin nan, Yallaɓai, bismillah, wuri naka ne.