Dalilin da Ya Sa Yunwa Kaɗai Ba Ta Kifar da Mulki

Duk lokacin da farashin abinci ya yi tashin gwauron zabo, sai ka ji ana cewa juyin juya hali ya ƙarato, wai tura ta kai bango. Maganar tana da ƙamshin gaskiya, domin tsadar burodi ta taka rawa a Faransa a 1789, ta taka a Rasha a 1917, ta kuma taka a Sudan a 2018. Sai dai da yunwa ce kaɗai ke tumɓuke masu mulki, da ba a wayi gari ba tare da an ji labarin faɗuwar wata gwamnati ba. Abin da masana zamantakewa suka fi mayar da hankali a kai shi ne halin da gwamnatin kanta take ciki a ranar da jama'a suka fito.

Ku dubi birnin Santa Fitasbag, babban birnin Rasha a wancan zamani. A ranar 22 ga Janairun 1905, dubban ma'aikata sun nufi fadar Sarki Nikolas na Biyu ɗauke da takardar koke, wasu ma riƙe da hotonsa, sojoji kuma suka buɗe musu wuta, aka kashe ɗaruruwa. Ƙasar ta rikice da yajin aiki tsawon shekara, amma mafi yawan sojoji sun ci gaba da yi wa sarki biyayya, don haka ya zauna daram a kan karagarsa.

Bayan shekara goma sha biyu, a wannan birni dai, wanda aka sake wa suna Fetirogirad, mata masu aiki a masaƙu sun bar aiki a ranar 8 ga Maris 1917 suna neman burodi. A ranar 11 ga wata sojoji suka yi harbi, aka kashe mutane da dama, kuma duk wanda ya tuna 1905 ya ɗauka an gama. A nan ne abin da ake yawan tsallakewa ya faru. Sojojin rundunar Bolinski, waɗanda suna cikin masu harbin, sun kwana suna shawara a barikinsu, da gari ya waye suka ƙi bin umarni, suka kashe kwamandansu, suka bi sauran barikoki suna kiran 'yan'uwansu. Kafin dare, dubban sojoji sun koma ɓangaren masu zanga-zanga da bindigoginsu.

Dalilin wannan bambanci yana fagen daga. Yaƙin Duniya na Ɗaya ya riga ya cinye tsofaffin ƙwararrun sojoji, waɗanda aka cusa a barikokin birnin kuwa sababbin ɗauka ne, yawancinsu 'ya'yan manoma, da ke fargabar a tura su bakin daga, kuma matan da ke layin burodi ba su da maraba da iyayensu mata. A sama ma ɓaraka ta kunno kai, domin shugaban majalisa da manyan janar-janar ɗin sarki su ne suka ba shi shawarar ya sauka. A ranar 15 ga Maris ya sa hannu a takardar murabus a cikin jirginsa na ƙasa a garin Piskof, mulkin gidan sarautarsu na Romanof na fiye da shekara 300 ya zo ƙarshe.

Wannan shi ne jigon nazarin da Theda Skocpol, masaniya 'yar Amurka, ta wallafa a 1979, inda ta kwatanta Faransa da Rasha da Sin, ta nuna cewa yaƙi da bashi da rigimar manya su ne ke tsaga bangon gwamnati kafin boren talakawa ya samu hanyar shiga. A ganina ta ɗan rage wa masu shirya gwagwarmaya daraja, domin tsagar ba ta faɗaɗa da kanta.

Masu zanga-zangar Sudan sun nuna sun fahimci wannan lissafi. Bayan kusan watanni huɗu ana artabu a tituna, a ranar 6 ga Afrilun 2019 sai suka tattara suka yi zaman dirshan a ƙofar hedikwatar sojoji da ke Khartoum, suna kiran sojojin su zaɓi ɓangare. Kwana biyar bayan haka, janar-janar ɗin Shugaba Umar al-Bashir suka sauke shi.