Kuɗin ciyarwa: yadda kotu ke ƙarawa ko ragewa, da haƙƙin a ji ta bakinka

Mu ɗauka a shekarar 2021 kotu ta yanke wa wani mutum naira dubu 40 duk wata, kuɗin ciyar da matar da suka rabu da kuma 'ya'yansu. Sai aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, farashin komai ya tashi. Ita tana cewa kuɗin ba sa kai ta mako biyu. Shi kuma yana cewa an sallame shi daga aiki. To, ana iya taɓa wannan hukunci? Ana iyawa, amma sai an koma gaban alƙali.

Da farko a duba irin auren da aka ɗaura. Idan auren rajista ne, dokar shari'o'in aure ta Najeriya ta 1970 ce ke aiki, kuma Babbar Kotu ce ke da hurumi. Wannan doka ba ta shafi auren Musulunci ko na gargajiya ba. Auren Musulunci kotun shari'ar Musulunci ake kai shi, a bi mazhabar Malikiyya.

A auren rajista, sashe na 70 ya ce alƙali zai yanka kuɗin ne bayan ya duba abin hannun kowa, da ƙarfin nemansa, da halin da ya nuna a zaman auren. Sashe na 73 ne ya ba shi ikon ƙarawa, ragewa, dakatarwa ko soke umarnin. Sai dai ƙari ko ragi na da ƙofa biyu kacal. Ta farko, hali ya sauya sosai tun bayan hukuncin: rasa aiki, doguwar jinya, ƙarin albashi, yaro ya shiga makarantar da ta fi tsada. Ta biyu, an ɓoye wa kotu wani muhimmin abu a karon farko, ko an yi shaidar zur. Cewa kawai "kuɗin sun yi mini yawa" ba hujja ba ce. Wanda yake ganin alƙali ya yi kuskure tun asali, hanyarsa ɗaukaka ƙara.

Ana shigar da buƙatar a rubuce, a haɗa da takardar rantsuwa. A nan mutane suka fi faɗuwa, don suna zuwa da baki kawai. Alƙali takarda yake son gani: takardar sallama daga aiki, takardar albashi, bayanin asusun banki, rasiɗin kuɗin makaranta, na haya, na asibiti. A jera abin da ake kashewa lokacin hukuncin da abin da ake kashewa yau, bambancin ya fito fili. Ɗaya ɓangaren shi ma zai mayar da martani da tasa rantsuwar.

Wani kuskuren mai tsada shi ne mutum ya rage kuɗin da kansa don ya rasa aiki. Tsohon umarni na nan da ƙarfinsa har sai kotu ta sauya shi, kuma duk abin da ka rage bashi ne yana taruwa. Ko dattawan gida sun sulhunta ku kan sabon adadi, ku kai sulhun kotu a rubuta shi.

A kotun shari'a lissafin daban ne. Ciyar da matar da aka yi wa sakin kome yana ƙarewa da idda, mai ciki kuwa har ta haihu. Abin da ke daɗewa shi ne ciyar da 'ya'ya, wanda ke wuyan uba: namiji har ya balaga, mace har ta tare a gidan miji. Adadin yana bin ƙarfin uban da tsadar garin, shi ya sa ake iya komawa a sake dubawa.

Yanzu ga inda hukunci da yawa ke rushewa. Sashe na 36 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi cikin adalci kafin a yanke abin da ya shafe shi. A aikace, dole sammaci ya kai hannunsa, a sanar da shi ranar zama, ya ga takardun da aka shigar, ya samu lokacin amsawa, ya yi wa shaidu tambayoyi. Idan ba a same shi ba, kotu ce za ta ba da izinin a liƙa sammacin a gidansa ko a buga a jarida. Mai ƙara ba ya yanke wannan da kansa. Haka nan idan ragi aka zo nema, alƙali ba zai juya ya ƙara kuɗin ba tare da ya ji ta bakin ɓangarorin kan hakan ba.

Malaman Malikiyya sun daɗe da wannan ƙa'ida, ita ce i'izari. Kafin alƙali ya yanke hukunci sai ya tambayi wanda hukuncin zai hau kansa: kana da sauran hujja? Kotunan ɗaukaka ƙara a Najeriya sun sha rushe hukunci saboda an tsallake wannan tambaya ɗaya, ko da kuwa adadin da aka yanka daidai yake. Sai a mayar da shari'ar a sake ta daga farko.

Sai dai damar yin magana kawai doka ta ce a ba ka. Wanda sammaci ya same shi ya ƙi zuwa, ba zai dawo yana cewa an hana shi magana ba. Wanda kuwa aka yanke a bayan idonsa bai sani ba, ya nemi kwafin bayanan zaman kotu, ya duba shaidar kai sammaci, ya roƙi kotun ta jingine umarnin ko ya ɗaukaka ƙara. Daga Babbar Kotu zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara wata uku ne idan hukuncin ƙarshe ne, kwana 14 idan na tsakiyar shari'a ne. Wa'adin na wucewa, sai an roƙi ƙarin lokaci tare da dalili.